Amana da ramuwar gayya: Daga zamanin Namoda zuwa labarin mayaƙan Japan 47

Matafiyin da ya taso daga Gusau ya nufi arewa, idan ya isa Ƙaura Namoda sai hanya ta rabu masa biyu. Ɗaya ta miƙe zuwa Shinkafi da Isa, ɗaya kuma ta karkata gabas zuwa Zurmi da Jibiya. A shekarun nan, direba ba ya hawa ko wacce daga cikinsu sai ya tambayi labarin hanya. Idan kuwa aka tambayi mutanen yankin dalilin harin da aka kai jiya, amsar da aka fi ji ita ce ramuwar gayya ce: an kashe wa wani jagoran 'yan bindiga yaro, ko an kama masa ɗan'uwa a kasuwa, shi ne yaransa suka huce haushi a kan ƙauyen da ya fi kusa da su.

Abubuwa biyu ne a cikin wannan amsa, wato biyayyar yaro ga ubangidansa da kuma ɗaukar fansa. Babu baƙo a cikinsu a tarihin arewacin Zamfara, kuma ba a nan kaɗai aka san su ba. A ƙasar Japan, labarin da ya fi kowanne shahara a tarihin mayaƙanta da ake kira samurai, labari ne na barori 47 da suka rama wa ubangidansu. Idan aka jera tarihin biyu kusa da juna, za a fi gane abin da ke sa ramuwa ta tsaya a wani wuri, ta ƙi tsayawa a wani.

Yadda barantaka take a ƙasar Hausa

Kafin zuwan Turawa, ƙarfin sarki ko hakimi ba a yawan talakawansa kaɗai yake ba, yana ga yawan mutanen da za su hau doki idan ya hau. Waɗannan su ne barorinsa da bayinsa: barade da 'yan lifida da 'yan sulke da 'yan baka. Bara ɗa ne, ba bawa ba. Shi yake kai kansa ya yi caffa, ubangida kuma ya ɗauki nauyinsa, ya ba shi doki da riga da gona, ya yi masa aure, ya tsaya masa idan magana ta kai gaban sarki. Abin da ake nema a wurin bara shi ne amana, ranar daɗi da ranar wuya. Hausawa sun taƙaita yarjejeniyar a karin magana guda: kowa ya ci ladan kuturu, dole ya yi masa aski.

Sai dai wannan igiya tana kuncewa. Idan ubangida ya yi rowa, ko ya wulaƙanta baransa, ko ya kasa kare shi, bara yana iya ɗaure kayansa ya koma wani gida. Saboda haka amana a tsarin Hausa hanya biyu gare ta, kuma sarkin da ya daina adalci yakan wayi gari ya ga fadarsa ta yi ƙura.

Gayyar da ta shekara arba'in tana jira

A ƙarni na 18, Gobirawa sun gangaro kudu suka sauka a ƙasar Zamfara a matsayin baƙi. Sarakunan Zamfara suka ba su masauki, ruwayoyin baka ma sun ce har auratayya ta shiga tsakanin gidajen sarautar biyu. Wurin da Gobirawa suka kafa birninsu na Alƙalawa, an ce gonakin alƙalin Zamfara ne, daga nan sunan ya samo asali. Wajen shekarar 1762, Sarkin Gobir Babari ya juya wa masu masaukinsa baya, ya ci Birnin Zamfara da yaƙi, wanda kufansa ke kusa da Isa ta yau. Gidan sarautar Zamfara ya watse, ya yi ta ƙaura daga gari zuwa gari kafin daga baya ya zauna a Anka.

Zamfarawa ba su manta ba. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ya shafe kimanin shekara biyar yana wa'azi a ƙasarsu, kuma a haɗuwarsa da Sarkin Gobir Bawa Jan Gwarzo a Magami wajen 1788, cikin abubuwan da ya nema har da sakin fursunoni, aka saki Sarkin Zamfara Abarshi. Don haka da yaƙi ya ɓarke tsakanin Jama'ar Shehu da Gobir a 1804, Zamfarawa da yawa suka ga ranar da suka shekara arba'in suna jira ta zo. Bayan wahalar da Jama'a ta sha a Tsuntsuwa a ƙarshen wannan shekara, a Sabon Gari ta ƙasar Zamfara ta samu mafaka a 1805.

Amma ƙawancen bai yi ƙarko ba. Abinci ya yi ƙaranci, mayaƙa suka riƙa shiga ƙauyuka suna ɗiba da ƙarfi, masu masauki suka ga baƙin yau sun fara kama da baƙin jiya. Kafin shekara biyu ta cika, wasu Zamfarawa sun koma sahun Gobir, wato sahun waɗanda suka rushe musu birni. Wanda ƙiyayyar wani ce kaɗai ta haɗa ka da shi, ranar da ka taka shi zai tuna cewa ba ya binka bashin amana.

Namoda da abin da ya biyo bayansa

A wannan hali ne sunan Muhammadu Namoda ya fito. Jagora ne na Fulani Alibawa na yankin Zurmi, kuma ya tsaya a kan mubaya'ar da ya yi wa Shehu a lokacin da makwabtansa ke juyawa. A 1806, rundunar taron dangi ta Gobirawa da Abzinawa da wasu Zamfarawa ta auka wa yankinsa, ya karya ta a Fafara kusa da Zurmi. A watan Oktoban 1808, yana cikin manyan kwamandojin da suka mara wa Muhammadu Bello baya aka ci Alƙalawa, inda aka kashe Sarkin Gobir Yunfa. Shi kansa Namoda bai daɗe ba, wajen 1810 ya faɗi a fagen fama a Kiyawa. Garin Ƙaura Namoda sunansa yake ɗauke da shi, sarautar garin kuma har yau Sarkin Kiyawa ake kiran ta.

Faɗuwar Alƙalawa ba ta rufe littafin ba, sabon shafi ta buɗe. Yanzu Gobirawa ne ke bin bashin birni da na sarki. Katsinawan da aka kora suka kafa Maraɗi. A 1836 aka gwabza a Gawakuke, Sarkin Musulmi Bello ya yi nasara, aka kashe Sarkin Gobir Ali da Sarkin Katsinan Maraɗi Rauda. Waɗanda suka tsira suka kafa Tsibiri kusa da Maraɗi, daga can kuma hare-hare suka ci gaba da sauka a kan iyakar daular Sakkwato, Zurmi da Ƙaura Namoda suna cikin garuruwan bakin daga, har zuwa lokacin da Turawa suka ci Sakkwato a 1903.

Ba za a ce fansa ce kaɗai ta haddasa waɗannan yaƙe-yaƙe ba. Akwai addini, akwai neman ƙasar noma da kiwo, akwai hanyoyin fatauci da kamun bayi. Amma fansa ce ta riƙa ba kowane sabon ƙarni dalilin ɗaura sirdi. Daga rushe Birnin Zamfara zuwa 1903 shekara kusan 140 ke nan, kuma a duk tsawonsu babu wani alƙali guda da Sakkwato da Tsibiri za su yarda su zauna a gabansa.

Abin da ya faru a Japan a 1701

A daidai zamanin da Zamfara ke kan ganiyarta, Japan tana ƙarƙashin gidan Tokugawa, wanda ya riƙe mulki daga 1603 zuwa 1868. Sarkin sarakuna yana zaune a Kiyoto, amma ainihin iko yana hannun shugaban mayaƙa da ake kira shogun, a birnin Edo, wato Tokiyo ta yau. A ƙarƙashinsa akwai iyayen ƙasa fiye da 250, kowanne da samurai nasa, waɗanda ake biyan su albashi da shinkafa. Bambancinsu da baran Hausa shi ne su gado suke yi. Ɗan samurai yana bauta wa ɗan ubangidan mahaifinsa, kuma barin gida ba abu ne mai sauƙi ba.

A watan Afrilun 1701, uban ƙasar Ako mai suna Asano Naganori ya zare takobi a cikin fadar Edo ya sari wani babban jami'in tsare-tsaren fada, Kira Yoshinaka. Raunin bai yi kisa ba. Amma zare makami a fada babban laifi ne, don haka a ranar shogun Tsunayoshi ya umarci Asano ya kashe kansa ta hanyar farke ciki, kamar yadda al'adar mayaƙansu take. Aka ƙwace ƙasarsa, barorinsa kimanin 300 suka zama ronin, wato samurai marasa ubangida, ba albashi ba matsayi. Kira kuwa ba a taɓa shi ba.

A nan gizo ke saƙar. Tsohuwar ƙa'idar mayaƙan Japan ita ce idan biyu suka yi faɗa, dukansu ake hukuntawa. Barorin Asano suka ga an yanke hukunci a gefe guda. Babban wakilin gidan, Oishi Kuranosuke, bai fara da takobi ba. Ya miƙa ganuwar Ako ga hukuma ba tare da faɗa ba, ya shafe fiye da shekara yana neman a mayar da sarautar ga ƙanen marigayin. Sai da wannan ƙofa ta rufe a 1702 sannan aka tsayar da shawarar ramuwa. Bahaushe ya ce ba a rama gayya da fushi, kuma haka suka yi. Suka ɓad da kama, wasu suka zama 'yan tireda a kusa da gidan Kira suna nazarin shiga da fitarsa.

A ƙarshen Janairun 1703, cikin dare da sanyin hunturu, mutum 47 suka fasa gidan Kira suka kashe shi. Suka ɗauki kansa zuwa kabarin ubangidansu a wurin ibada na Sengakuji, sannan suka kai kansu ga hukuma. Bayan kusan mako bakwai ana muhawara, aka yanke wa 46 daga cikinsu hukuncin kashe kai a watan Maris. Cikinsu har da ɗan Oishi, yaro ɗan kimanin shekara 16. An binne su kusa da Asano, kuma har gobe mutane na ziyartar kaburburan.

Abin da wasan kwaikwayo ya ɓoye

Wasan Chushingura da aka fara nunawa a 1748, da fina-finan da suka biyo baya, sun mayar da su gwaraza marasa aibi. Malaman zamaninsu kuwa ba su haɗu a kan haka ba. Muro Kyuso ya yaba musu a matsayin masu riƙon amana. Sato Naokata ya ce masu laifi ne, domin hukuma ce ta kashe Asano bisa laifin da ya aikata, ba Kira ba. Ra'ayin da ake jinginawa ga Ogyu Sorai ya bi tsakiya: abin da suka yi daidai ne a ma'aunin bara da ubangidansa, amma idan aka bar gaskiyar mutum ɗaya ta rinjayi dokar kowa, babu dokar da za ta sake tsayawa. Akwai kuma waɗanda ba a cika tunawa da su ba, wato barorin Kira fiye da goma sha biyar da suka mutu a daren suna tsaron nasu ubangidan, alhali ba su da hannu a rigimar fada.

Abin lura shi ne Japan ta wancan lokaci ba ta haramta fansa gaba ɗaya ba, shinge ta yi mata. Wanda aka kashe wa uba ko wa yana iya neman izini, a rubuta sunansa a rajistar hukuma, sannan ya bi sawun wanda ya yi kisan shi kaɗai. Idan ya cim masa magana ta ƙare, dangin wanda aka rama a kansa ba su da ikon sake ramawa. Laifin mutanen Oishi a idon hukuma shi ne sun haɗa gungu sun kai hari a babban birni ba da izini ba. Da aka zartar musu da hukunci, aka kuma rushe gidan Kira aka kori magajinsa, sai zancen ya mutu a nan. A 1873 gwamnatin Meiji ta soke fansa kwata-kwata, ta ce hukunta mai kisa aikin hukuma ne. A 1876 ta hana samurai yawo da takobi.

Shingen da Musulunci ya kafa

Mai karatu a Zamfara ba ya bukatar zuwa Japan kafin ya san wannan shinge, kuma kashe kai da suka ɗauka mutunci haramun ne a addininsa. Hukuncin ƙisasi, kamar yadda ya zo a aya ta 178 ta Suratul Baƙara da aya ta 33 ta Suratul Isra'i, ya ba waliyyin wanda aka kashe haƙƙi, ya kuma hana shi wuce iyaka. Wanda ya yi kisan kaɗai ake nema, ba ɗan'uwansa ko ɗan garinsu ko ɗan ƙabilarsu ba. Alƙali ne ke tabbatar da laifi da shaidu, hukuma ce ke zartarwa. An buɗe ƙofar diyya da ta afuwa, kuma wanda ya karɓi diyya ya koma ya yi kisa ya zama sabon mai laifi. Biyayya ga shugaba ma tana da iyaka, domin ba a yi wa abin halitta biyayya a saɓa wa Mahalicci. Cikin laifuffukan da Shehu ya lissafa wa sarakunan zamaninsa a littafinsa Kitabul Farƙi har da karɓar toshiyar baki da karkatar da hukunci.

Idan aka tattara, tambayoyi uku ne ke raba ƙisasi da ta'asa: wa ake nema, wa ya ba da izini, kuma a ina za a tsaya.

Yadda abin yake a dajin Zamfara a yau

Ramuwar da ake yi yanzu tsakanin Shinkafi da Zurmi ba ta da amsar ko ɗaya daga cikin ukun. A Fabrairun 2018, an kashe mutum kusan 40 a yankin Birane na Ƙaramar Hukumar Zurmi, cikinsu har da matafiya 'yan kasuwa. A Janairun 2022, hare-haren da aka kai ƙauyukan Anka da Bukkuyum, waɗanda aka danganta da huce haushin ruwan bama-baman jiragen soja, sun ci rayuka masu yawan gaske, kuma manoma ne suka mutu, ba matuƙa jirgi ba. A ɗaya gefen, an sha zargin 'yan sa-kai da kashe makiyaya a kasuwanni ba tare da shari'a ba, don kawai kamanninsu ko harshensu. Kwamitin da gwamnatin jihar ta kafa a 2019 a ƙarƙashin tsohon Sufeto Janar na 'Yan Sanda M.D. Abubakar ya ƙiyasta cewa daga 2011 zuwa 2019 mata kusan 5,000 sun rasa mazajensu, yara fiye da 25,000 sun zama marayu, mutum fiye da 190,000 sun bar gidajensu.

Jagororin 'yan bindiga sukan kafa hujja da zalunci. Bello Turji, wanda ya addabi yankin Shinkafi da Isa, ya yi iƙirarin cewa sace shanun gidansu da kashe 'yan'uwansa ne suka tura shi daji, kuma a wasiƙar neman sulhu da aka danganta masa a Disambar 2021 ya sa rushe 'yan sa-kai cikin sharuɗɗansa. Ko da an ɗauka ƙorafin farko gaskiya ne, ba ya halatta jinin matafiyi ko ɗora wa ƙauye haraji kafin ya girbe gonarsa. Barorin Ako, duk da laifinsu, mutum ɗaya suka nema, ba su ɗauki ko allura a gidansa ba, kuma da ƙafarsu suka je suka karɓi hukunci. Wanda ke karɓar kuɗin fansa a kan matar aure da jaririnta sana'a yake yi, ya lulluɓe ta da rigar ramuwa.

Amanar da ake taƙama da ita a daji ma ba ta da kauri. A Maris ɗin 2018, ba soja ne ya kashe Buharin Daji ba, wanda ya fi kowa ƙarfi a dazukan Zamfara a lokacin. Tsohon na hannun damansa Dogo Giɗe ne, bayan saɓani a kan shanu. Yaron da aka ɗauka da bindiga da babur, ranar da wani ya ba shi waɗanda suka fi su, ya canza ubangida.

Inda mafita take

Abin da ya haifi harin 1703 hukunci ne da ya faɗa gefe guda. Abin da ya hana shi haihuwa kuma hukunci ne da ya hau kan ɓangarorin biyu. Yaƙin Gobir da Sakkwato ya yi tsawon rai ne saboda rashin mai raba gardama da kowa ya yarda da shi. Zamfara ta yau ba ta da wannan uzuri. Jiha ce tun 1 ga Oktoban 1996, ita ce ta fara ƙaddamar da shari'ar Musulunci a Oktoban 1999, tana da kotuna da masarautu da ofisoshin 'yan sanda a Ƙaura Namoda da Shinkafi da Zurmi.

An gwada sulhu a 2019. An gwada rufe layukan waya da kasuwannin mako a Satumbar 2021. An kafa Askarawan Zamfara a Janairun 2024. Kowanne yana da nasa amfani da nasa illa, amma babu wanda zai maye gurbin zaman shari'a. Makiyayin da aka kore wa garke yana bukatar ya ga ɓarawon a gaban alƙali. Manomin da aka kashe wa ɗa a gona yana bukatar ya ga an kama wanda ya harbe shi, ba a kira shi taron sulhu an ba shi kujerar gaba ba. Askari ko ɗan sa-kan da ya kashe marar laifi, da mai sarautar da aka samu da hannu, su ma su tsaya a layi ɗaya.

Marayu 25,000 da kwamitin 2019 ya ƙirga, da yawansu yanzu sun zama samari, a ƙauyuka da rugage da sansanonin gudun hijira. Kowannensu ya san sunan wanda ake cewa ya kashe masa uba. Zamfarawan da aka rushe wa birni a 1762 sun jira shekara arba'in, kuma 'ya'yansu da jikokinsu ne suka hau dawakin. Abin da hukuma za ta yi da ƙarar waɗannan yara a 'yan shekarun da ke tafe shi zai nuna ko kotu za su nufa da ita, ko kuwa wurin mai raba bindiga.